Hanyoyin Ƙidayar Namun Daji da Matsalar Abin da Ido Bai Gani Ba

Gabatarwa

Sau da yawa akan ji a rediyo, ko a karanta a jarida, cewa giwaye kaza ne suka rage a gandun daji kaza, ko kuwa raƙuman dawa sun ƙaru daga kaza zuwa kaza. Mai sauraro yakan karɓi adadin kamar yadda zai karɓi adadin ɗaliban aji, alhali kuwa babu wanda ya taɓa tara giwayen nan a fili guda ya bi su ɗai-ɗai da yatsa. Wannan maƙala za ta duba hanyoyin da masana ke bi su samo irin waɗannan alƙaluma, da lissafin da ke ƙarƙashin kowace hanya, da kuma inda kowacce take da rauni. Abin da za a yi ƙoƙarin nunawa shi ne, hanyoyin nan duka suna neman amsar tambaya ɗaya ne, watau dabba nawa ce ta kuɓuce wa idon mai ƙidaya, kuma a cikin fili mai faɗin nawa.

Kafin a shiga bayani ya kamata a rarrabe kalmomi uku da akan cakuɗa a maganar yau da kullum. Ƙirga shi ne bin abubuwa ɗaya bayan ɗaya har a kai ƙarshensu, kamar yadda makiyayi ke yi wa awakinsa da magariba. Kintace shi ne faɗin adadi da ka, bisa ga sabo ko zato, ba tare da wata hujjar da wani zai iya bi ya gwada ba. Ƙiyasi kuwa, a yadda za a yi amfani da kalmar a nan, shi ne a ƙirga wani sashe, sa'an nan a bi wata ƙa'ida ta lissafi a fitar da adadin dukkan abin, tare da faɗin iyakar kuskuren da mai yiwuwa ne a yi. Yawancin abin da ake kira ƙidayar namun daji ƙiyasi ne. Ko dabbar gida ma ba kullum take ƙirguwa ba: a zamanin jangali sananne ne cewa makiyaya sukan kora wani sashe na garke cikin daji in sun ji labarin masu ƙidaya, sai adadin da ya shiga takarda ya kasa na gaskiya. To, naman daji ba ya bukatar mai ɓoye shi, shi ke ɓoye kansa.

Ƙidaya Daga Sama

A daji mai sarari, inda itatuwa ba su rufe ƙasa ba, hanyar da aka fi bi wajen manyan dabbobi kamar giwa da ɓauna da gwanki ita ce ta ƙaramin jirgin sama. Iri biyu ce. Akwai wadda jirgi ke bin dajin kakaf, layi kusa da layi, a rubuta duk abin da aka hango. Irinta aka yi a gandun dajin Yankari na Jihar Bauci a 2006, inda aka ga giwaye 348 a fili mai faɗin murabba'in kilomita 2,244. Adadin da irin wannan ƙidaya ke bayarwa shi ne mafi ƙanƙanta da zai yiwu, domin dai an ga waɗannan, amma ba ta faɗin nawa ne suka laɓe a inuwa jirgin ya wuce su.

Ta biyu ita ce ta samfur. Ma'anar samfur ba baƙuwa ba ce ga wanda ya taɓa sayen hatsi, gama mai saye ba ya zazzage buhu, hannu yake zurawa ya ɗebo kaɗan ya duba, ya yanke wa buhun hukunci. A wannan hanya akan zana layuka a jere a kan taswira da tazara daidai wa daida, jirgi ya bi su yana tafe kimanin ƙafa 300 daga ƙasa. Mutum biyu suna zaune a baya, ɗaya dama ɗaya hagu, kowa yana duban ƙasa ta tsakanin wasu sanduna biyu da aka ɗaura a jikin jirgin. Abin da ya faɗo tsakanin sandunan kaɗai ake rubutawa, kuma an riga an auna faɗin zirin ƙasar da suke nunawa. A ɗauka daji ne mai murabba'in kilomita 2,000, ziraran da aka duba kuma sun tashi 200, watau ushirin dajin. In an ga giwaye 40, sai a ninka sau goma a ce akwai 400.

Lissafin da sauƙi, amma a lura da abin da ke cikinsa. Giwa ba ta warwatsuwa a daji kamar yadda ake watsa iri, garke-garke take tafiya. In a cikin 40 ɗin nan 30 garke ɗaya ne, kuma da garken ya gusa taku ɗari biyu da ya fita daga zirin, ashe da 10 za a rubuta, ƙiyasin kuma ya zama 100. Ke nan inda garke guda ya ga damar tsayawa da safiyar nan shi ya raba 400 da 100. Dalilin da ya sa ke nan masana ba sa yarda da adadi tilo. Sukan duba yadda layukan suka saɓa wa juna, wani ya ba da da yawa wani bai ba da kome ba, daga wannan saɓani su fitar da iyakar ƙasa da iyakar sama, su ce adadin yana tsakanin kaza da kaza. In tazarar ta yi faɗi, to ƙidayar ba ta faɗi abu mai yawa ba, ko da kuwa an kashe mata kuɗi masu yawa.

Da wannan hanya aka yi mafi yawan babbar ƙidayar giwayen Afirka wadda Mike Chase ya jagoranta a 2014 da 2015, aka bayyana sakamakonta a 2016. An ƙiyasta giwayen sarari 352,271 a ƙasashe 18, aka kuma nuna sun ragu da kimanin kashi 30 cikin ɗari tsakanin 2007 da 2014. Wani abin sha'awa shi ne, ba masu rai kaɗai aka ƙirga ba, har da mushe. Ƙasusuwan giwa sukan daɗe a fili ana hango su daga sama, saboda haka akan gwada yawan mushe da jimlar masu rai da matattu. In mushe ya haura kashi 8 cikin ɗari akan ɗauka garken raguwa yake yi. A wannan ƙidaya ya kai kusan kashi 12.

Tafiya a Kan Layi

Inda daji ya yi duhu, ko dabbar ta yi ƙanƙanta kamar gada, jirgi ba shi da amfani, sai a taka da ƙafa. Nan ma layi ake bi miƙaƙƙe, wanda aka zaɓa a taswira tun kafin a shiga daji. Wannan sharaɗi ne babba, domin in aka bar mai ƙidaya ya zaɓi hanya da kansa zai bi turba mai sauƙi ko bakin rafi, dabbobi kuwa ko dai sun fi taruwa a nan ko suna gudun wurin, duka biyun suna ɓata lissafi.

Hikimar wannan hanya ita ce, duk dabbar da aka gani sai a auna nisanta daga layin. An san cewa wadda ke kan layi ba za a rasa ganinta ba, amma gwargwadon nisanta gwargwadon yadda take kuɓucewa. Alal misali, a ce an yi tafiyar kilomita 50 ana duba mita 100 dama da mita 100 hagu, watau an duba murabba'in kilomita 10. An ga mariya 40 a cikin mita 25 na farko, 30 a na biyu, 20 a na uku, 10 a na huɗu, jimla 100. Tun da ba don mariya aka ja layin ba, babu dalilin da zai sa su fi yawa kusa da shi. Raguwar nan daga 40 zuwa 10 ta ido ce, ba ta dabba ba. Da ido yana gani a nesa kamar yadda yake gani a kusa, da 40 za a samu a kowane mataki, watau 160. Saboda haka 16 ne a kowane murabba'in kilomita, ba 10 ba. Masana suna amfani da lissafi mai zurfi fiye da wannan a kwamfuta, amma gindin maganar ke nan: waɗanda aka gani su ne ke ba da labarin waɗanda ba a gani ba. Inda hanyar ke tuntuɓe shi ne in dabba ta ji motsin mutum ta zabura kafin a hango ta, sai a rubuta ta a nesa alhali a kusa take.

A kurmi, inda ko giwa ba a gani sai an yi kiciɓis da ita, kashinta ake ƙirgawa a kan irin waɗannan layuka. Ana bukatar sanin abu uku: tsibin kashi nawa ne a murabba'in kilomita, sau nawa giwa ke yi a yini, da kuma kwana nawa tsibi ke yi kafin ya ɓace. In an samu tsibi 1,700, giwa kuma tana yin 17 a yini, kowane tsibi yana kwana 100, to giwa ɗaya ce ta tara su. Amma in ruwan sama da gara da buzuzu suna share tsibi cikin kwana 50, to aikin giwa biyu ne. Wanda ya ari adadin kwanakin daga wani daji, ko ya auna da rani ya yi aiki da shi da damina, zai iya ninka giwayen ko ya raba su biyu yana zaune a ofis.

Kamu, Alama, Sake Kamu

Wannan hanya tana ɗauke da sunan mutum biyu: C. G. J. Petersen na ƙasar Danmak, wanda ya buga aikinsa kan sa wa kifi alama a 1896, da Frederick Lincoln na Amurka, wanda a 1930 ya ƙiyasta yawan agwagin ruwa ta hanyar zoben da aka sa musu a ƙafa, waɗanda maharba ke mayarwa in sun harbo su.

A ɗauka tafki ne mai tarwaɗa. An kama 60, an yi musu alama an mayar. Bayan kwana biyu aka sake kama 50, sai aka tarar 10 daga ciki masu alama ne, watau ɗaya cikin biyar. In ɗaya cikin biyar na kamu na biyu mai alama ne, to a tafkin ma haka abin yake, 60 ɗin nan su ne ɗaya cikin biyar na dukkan kifin. Ke nan akwai 300. Da 9 aka samu da ƙiyasin ya zama 333, da 11 ne kuwa 273. In kuma masu alamar 5 ne kacal, ƙiyasin 600 ne, kifi ɗaya ya ƙaru ya zama 500, ɗaya ya ragu ya zama 750. Wannan ya nuna cewa ƙarfin hanyar yana ga yawan waɗanda aka sake kamawa.

Sharuɗɗanta suna da wuyar cika. Dole masu alama su gauraya da sauran sosai, kamar yadda mai miya ke motsa tukunya kafin ta ɗanɗana gishiri. Dole alamar ta zauna. Dole kuma kamun farko ya zama bai sauya halin dabbar ba, nan kuwa ake yawan samun cikas. Dabbar da ta sha wuya a tarko takan guje shi, sai masu alama su yi kaɗan a kamu na biyu, ƙiyasi ya kumbura. Wadda kuma ta sami abinci a tarko takan dawo da kanta, sai ƙiyasi ya kasa. Har wa yau ana ɗauka ba a haihu ba, ba a mutu ba, ba a shiga ba a fita ba tsakanin kamun biyu. Domin sassauta wannan sharaɗi na ƙarshe ne G. M. Jolly da G. A. F. Seber, kowa a nasa ɓangaren, suka fito da lissafin da ke aiki da kamu da yawa a jere a 1965, wanda ke ba da yawan dabbobi da kuma yawan masu rayuwa daga shekara zuwa shekara.

Wasu dabbobin Allah ya riga ya yi musu alama, ba sai an kama su ba. Iain Douglas-Hamilton ya riƙa gane giwayen bakin tafkin Manyara a Tanzaniya ta yagewar kunne da siffar haure tun cikin shekarun 1960. Misali mafi kusa shi ne na raƙuman dawa na Jamhuriyar Nijar, waɗanda su ne kaɗai suka rage na irinsu a Afirka ta Yamma. Suna zaune a yankin Kure, kimanin kilomita 60 daga Yamai, a ƙasar Zabarmawa, a tsakanin gonaki da ƙauyuka. Da damina suna kan tudu, da rani kuma su gangara Dallol Boso inda gawo ke da ganye. Zanen jikin kowane raƙumin dawa daban yake da na ɗan'uwansa kuma ba ya sauyawa, saboda haka akan ɗauki hoton kowanne dama da hagu a ajiye a kundi. A 1996 guda 49 ne suka rage. Zuwa 2017 sun haura 600, har a 2018 aka ɗebi takwas aka kai gandun Gadabeji a Jihar Maraɗi domin a kafa garke na biyu. Lokacin da suke 49 ana iya cewa ƙirga ake yi na sosai, don an san kowa. Da suka yawaita suka bazu, sai ya zama ba a ganin kowa a kowace shekara, kundin hotunan kuma ya koma abin yin lissafin sake kamu: wanda aka gani bara aka sake gani bana shi ne mai alama.

Batun Fili

Adadi ba shi da ma'ana sai an faɗi filin da yake ciki, nan ne kuma lissafi ya daɗe yana ɗingishi. A 1995 Ullas Karanth ya nuna cewa ana iya ƙiyasta damisar Indiya mai ratsi-ratsi a gandun Nagarahole da kyamarori masu ɗaukar hoto da kansu in dabba ta gifta, tun da ratsin kowacce daban ne. Hanyar ta bazu duniya. Amma a ce an kafa kyamarori a fili mai kilomita 10 tsawo, 10 faɗi, lissafi ya ba da damisa 20. Shin a murabba'in kilomita 100 suke? Ba shakka a'a, domin wadda aka ɗauka a kyamarar gefe mai yiwuwa yawancin yawonta a waje take yi. Sai masana suka riƙa ƙara wani ziri kewaye da filin. In zirin kilomita 2 ne, filin ya zama 196, watau damisa 10 a kowane murabba'in kilomita 100. In kuwa kilomita 5 ne, filin ya zama 400, damisa 5 ke nan. Dabbobin ba su sauya ba, hotunan ba su sauya ba, amma amsar ta rabu biyu saboda faɗin zirin da mai bincike ya zaɓa. Wannan ya fi kusa da kintace, ko da yake an yi masa ado da alƙaluma.

Murray Efford na ƙasar Niyu Zilan ya kawo mafita a 2004. Ya ce a daina jefar da labarin wurin da aka ga dabba. Kowace dabba tana da tsakiyar fagen yawonta, kuma gwargwadon nisan kyamara daga wannan tsakiya gwargwadon ƙarancin ɗaukarta. Damisar da ta fito sau shida a kyamara ɗaya, sau biyu a ta kusa da ita, ba ta fito a ta nesa ba, ta riga ta nuna wajen da take kwana da kuma iyakar nisan da take zuwa. In aka haɗa irin wannan labari na dukkan waɗanda aka ɗauka, lissafi zai fitar da yawansu a kowane murabba'in kilomita kai tsaye, ba tare da an zaɓi ziri da ka ba. Mai lura zai ga dangantakar wannan da tafiya a kan layi, gama duka biyun nisa suka mayar ma'aunin abin da ya kuɓuce.

Shi kansa fagen yawo ana auna shi ne da abin wuya mai aika wa tauraron ɗan'adam wurin da dabba take, sa'a bayan sa'a. Tsohuwar hanya ita ce a haɗa ɗigogin da suka fi nisa da layi a auna abin da ke ciki, sai dai tafiya ɗaya ta ɓatan kai takan kumbura fagen, ta shigo da wuraren da dabbar ba ta taɓa takawa ba. Hanyar da ta fi ita ce a duba inda ɗigogi suka yi kauri. Giwayen Gurma na ƙasar Mali su ne misali. Binciken da Jake Wall da abokan aikinsa suka buga a 2013 ya nuna suna kewaya fili mai murabba'in kilomita 32,000 a shekara, amma ba daidai suke amfani da shi ba. A ƙarshen rani sukan taru a 'yan wuraren ruwa, musamman tafkin Banzena, inda makiyaya ma ke kawo shanu. Ga mai son kare su, sanin waɗannan 'yan wurare da hanyoyin da ke haɗa su ya fi sanin faɗin filin duka amfani.

Kwatanta Adadi da Adadi

Abin da hukuma ta fi bukata ba yawan dabbobi na yau kaɗai ba ne, so take ta san ƙaruwa suke ko raguwa, domin a kan haka ake yanke shawarar ƙara masu gadi, ko buɗe farauta, ko biyan manoman da giwa ta ci wa gona. Nan ne kuskure ya fi tsada. In ƙidayar farko ta ce 400, tsakanin 250 da 550, ta biyu kuma ta ce 320, tsakanin 200 da 440, ba a isa a ce an yi asarar 80 ba, domin tazarar biyu sun hau juna. Haka nan adadin jirgi ba ya kwatantuwa da na kashi, na rani ba ya kwatantuwa da na damina. A dajin da ya ratsa iyakar ƙasashe, kamar gandun W da ke tsakanin Nijar da Benin da Burkina Faso, in kowace ƙasa ta yi tata ƙidayar a wata daban, garke ɗaya yana iya shiga takarda sau biyu, ko ya kuɓuce wa duka.

Ko zaɓen lokaci ma yana da nasa cikas. A Yankari ƙarshen rani ya fi dacewa da ƙidayar jirgi, domin ciyawa ta ƙone, itatuwa sun kaɗe, dabbobi kuma sun taru a kwarin kogin Gaji saboda ruwa. Amma bakin Gajin nan shi ne inda itatuwa ba sa kaɗewa, kuma da rana ta take giwaye cikin wannan inuwa suke shiga. Shi ya sa akan tashi jirgi da sassafe ko da la'asar, a kuma ɗauki hoton kowane babban garke a sake ƙirga shi a ƙasa, domin 'yan giwaye sukan shige ƙarƙashin iyayensu, mai duba ta taga kuwa daƙiƙa kaɗan gare shi kafin jirgi ya wuce.